Laifin Gamba Ne, Ko Na Wanda Ya Ɗauko Ta?

'Yar'uwa, kin san gamba, ciyawar nan da ake saƙa zana da ita a kewaye gida. Ba ta yaɗo, a dunƙule take tsirowa, gindi ɗaya kara da yawa. Rani ya yi ta bushe ƙurmus kamar ta mutu, amma saiwarta na nan da rai, da an yi ruwan farko sai ki ga ta toho tun kafin sauran ciyayi su farka. Asalinta nan Afirka ne, tun daga Senegal har Sudan, ta gangara har kudancin nahiyar. A wurinmu rufin asiri ce: shanu su ci, a yi zana, a yi jinka.

To, wajen 1930 da 'yan kai Turawa suka kai ta Ostireliya don kiwon shanu, har sunanta na gamba ya bi ta. Can babu mai yankanta ya yi zana. Inda shanu ba su ci ba sai ta miƙe har mita 4, ta bushe, in wuta ta kama sai ta haɗa da manyan bishiyoyi ta ƙone. A 2012 gwamnatin ƙasar ta sa ta cikin jerin miyagun ciyayi.

Abin da ya tsaya mini a rai ke nan. Gamba ba ta canja hali ba, kuma ba ita ta kai kanta ba. Sai na tuna wata yarinya da aka aurar daga unguwarmu. A gidansu yabonta ake yi, wai kaifin baki gare ta, ba ta ɓoye gaskiya. Wata uku da tarewa dangin miji suka sa mata suna marar kunya. Su fa suka zo nema, kuma wallahi sun san halinta tun kafin a kai lefe.

Ba ina cewa ba ta da nata ba. Gamba ciyawa ce, ita kuwa mutum ce mai hankali, tana iya duba inda take ta sassauta harshe. Amma da aka zauna sasanci ita kaɗai aka yi wa faɗa, uwar mijin na gefe tana jan carbi, babu wanda ya ce mata uffan.