Shirun mai ƙara, yarda ce ko gazawa?

Rigimar gona a Galma Kudawace, cikin gundumar Madawa, a gaban mai gari take farawa, don dokar Nijar ta ba sarakunan gargajiya hurumin sasanta mutane. In sulhu ya ci tura sai a nufi kotun Madawa, inda alƙali ke zama da masana al'ada. Wanda aka kayar yana da damar ɗaukaka ƙara. To a ce ya ɗaukaka, daga nan kuma ba a sake jin ɗuriyarsa ba, har kotu ta gaji ta kori ƙarar. An zalunce shi ke nan?

A'a, domin shari'a ba ta mutum ɗaya ba ce. Wanda aka ba gonar yana nan a rataye: ba ya iya gina rijiya, ba mai karɓar jingina a hannunsa, in ya rasu magada su gaji rigima tare da fili. Wani ma ba don ya yi nasara yake ɗaukaka ƙara ba, don kawai ya hana abokin shari'arsa sakat ne. Malaman Malikiyya sun ga wannan tun da daɗewa. A Tuhfa ta Ibn Asim, wanda ya rasu a 1426, alƙali yana yanka wa mai da'awa ajali, ya yi masa izari, wato ya tambaye shi ko da sauran hujja, in ya kasa a yi masa ta'ajizi a rufe magana. Risala kuma ta kawo hauzi: wanda yake gari, yana kallon bare na cin moriyar dukiyarsa har shekara 10 bai ce uffan ba, ba a sauraren da'awarsa. Dokar Faransa, wadda Nijar ta gaji tsarin kotunanta, tana kashe ƙarar da aka bari shekara 2 ba motsi.

Za a ce ai haƙƙi ba ya tsufa, kuma wasiƙar Sayyidina Umar ga Abu Musa al-Ash'ari ta fifita komawa ga gaskiya a kan dagewa kan kuskure. Gaskiya ne, amma ita wasiƙar ce kuma ta ce a sa wa mai da'awa wa'adin kawo shaida, in ya wuce a yanke. Sannan korar ƙara ba ta halatta haram. Hadisin Ummu Salama ya gargaɗi wanda ya ci shari'a da iya baki cewa guntun wuta ya karɓa. Abin da alƙali ya rufe ƙofar husuma ce kawai, hisabi na nan. Shi ya sa Muhtasar na Halil ya ware jini, wakafi, ƴanta bawa, nasaba da saki daga ta'ajizi, tun da ba haƙƙin mai ƙara kaɗai ba ne balle sakacinsa ya zubar da su.

Sukar da ta fi nauyi ita ce ba kowane shiru ne yarda ba. Magidancin Adar da ya tafi ci-rani Najeriya ko Libiya, ko wanda ba ya da kuɗin mota, ko wanda aka miƙa wa sammaci da Faransanci alhali ko haruffan bai sani ba, shin ya yi watsi da ƙararsa? Fiƙihun da ya kafa hauzi shi ya gindaya masa sharaɗi: mutum ya kasance yana nan, ya sani, kuma babu abin da ya hana shi magana. In ɗaya ya faɗi, hujja ta faɗi. Saboda haka korar ƙara adalci ce bayan izari na gaske, zalunci ce in babu shi, ko da takardu sun cika. Kafin a kori ƙarar manomin Madawa, Buza ko Keita, a tabbatar sammaci ya isa hannunsa ta wajen mai garinsa, an fassara masa da Hausa, kuma ba a sa masa rana a tsakiyar shuka ba.