Gidan Cinya da Kare, da Shagunanmu

Kusan kowa a cikinmu ya san tatsuniyar 'yar bora da aka kora ta je ta wanko ƙirgi a ruwan Bagaja. Yadda iyayenmu mata suka ba mu ita a Gangare, ana jin wuta saboda sanyin Jos, yarinyar ta yi ta tafiya har ta iske wani gida inda cinya ke magana, kare na isar da saƙo. Aka ba ta ƙwayar shinkafa ɗaya da ƙashi aka ce ta dafa. Ba ta yi dariya ba, ba ta yi tsaki ba. Ta ɗora, tukunya ta cika. Da za ta tafi aka ajiye mata ƙwai biyu, ta ɗauki ƙaramin, ta fasa a hanya, dukiya ta fito. 'Yar mowa ta bi sawunta, ta raina masu gida, ta zari babban ƙwai, masifa ta fito mata.

Da muna yara, ƙwan kawai muke jira a zo kansa. Sai da furfura ta fito muka gane gidan nan gaba ɗaya ma'aunin zuciya ne. Ba wanda ya tambayi yarinyar sunan ubanta ko garinsu. Ita kuma ba ta san ana auna ta ba, shi ya sa abin da ke cikinta ya fito yadda yake.

To, mu 'yan kasuwa mun daɗe muna son mu gina irin gidan nan a shagunanmu. Kowa ya san dabarar: an ɗauki sabon yaro, sai a "manta" da kuɗi ƙarƙashin littafin bashi, a tafi sallah. Wani maƙwabcinmu a layi ya yi wa yaronsa haka da naira dubu biyar. Yaron ya miƙa masa kuɗin cif-cif. Bayan mako guda ya ajiye aiki, ya ce, "Alhaji, na ga lokacin da ka ajiye su, na kuma ga ka leƙo ta taga. Ba zan iya zama inda ake kallona ɓarawo ba." Alhaji ya so ya auna amana, sai ya auna wayo, domin ɓarawo mai ido ma da ya mayar da kuɗin, ya jira babbar rana.

A nan tambayar take: ɗan Adam yana da hurumin ɗana wa ɗan'uwansa tarko don ya ga cikinsa? Wani zai kawo hadisin kuturu da mai sanƙo da makaho na Bani Isra'ila, wanda Buhari da Muslim suka ruwaito, inda aka zo musu a siffar mabuƙaci aka gwada godiyarsu. Gaskiya ne. Amma wa ya zo? Mala'ika ne da Allah Ya aiko, ba abokin ciniki mai tsoron asara ba. Mu abin da aka ba mu shi ne zahiri. Usama ɗan Zaidu ya kashe mutumin da ya furta kalmar shahada a fagen yaƙi, yana ganin tsoron takobi ne ya sa shi, Annabi (SAW) ya tsananta masa, ya tambaye shi ko ya tsaga zuciyar mutumin ne ya gani. Sunayen munafukan Madina kuwa, Huzaifa aka gaya wa a asirce, ba a karanta su a kan mumbari ba. Sayyidina Umar da ya je wurinsa, kansa ya fara tambaya: ko yana cikinsu?

Mu mutanen Jos ai mun ga yadda awon nan ke kasancewa idan ya faɗa hannun mutane. A Satumba 2001, da Nuwamba 2008, da Janairu 2010, an kafa shingaye a kan tituna. A tare mota, a tambayi suna, a ce karanta kaza. Kada mu yi wa kanmu ƙarya, an yi a unguwanninsu, an yi a namu. Masu shingen suna ganin maƙiyi suke tacewa, alhali harshe da tufafi kawai suke dubawa. Mai mugun nufi da ya iya haddar 'yan kalmomi ya wuce, bawan Allah da tsoro ya sarƙe masa harshe ya kwanta a nan.

A Yunin 2018, da aka kai hari ƙauyukan Barikin Ladi, Liman Abubakar Abdullahi na Nghar Yelwa ya buɗe masallaci da gidansa ya ɓoye mutane fiye da 200, akasarinsu Kiristoci, ya tsaya a waje yana roƙon maharan. Bai tsayar da kowa a ƙofa ya yi masa tambaya ba. A ranar shi ake aunawa, kuma kamar 'yar bora, bai san da wani ƙwai a gaba ba. Lambar yabon da Amurka ta ba shi a 2019 daga baya ta zo.

Ba muna cewa ɗan kasuwa ya saki dukiyarsa ba ne. Mu da muka ga gobarar Kasuwar Taminus a 2002 mun san zafin asara. Aya mafi tsawo a Alƙur'ani, ta 282 a Suratul Baƙara, kan bashi ta sauka: a rubuta, a kafa shaidu. A nemi mai tsaya wa yaro, a yi lissafi da shi duk yamma ido da ido, ya san an ƙirga, ya san za a sake ƙirgawa gobe. Wannan ba ya cin mutuncin kowa.

Yaron nan yanzu yana da teburinsa a Katako. Alhaji ya canza yara uku tun tafiyarsa, kuma in ya bi ta wajen, shi ke fara yin sallama.