Bango Ɗaya, Zukata Dabam-dabam

Bayan juyin juya halin 1917 a ƙasar Rasha, gwamnatin kwaminisanci ta ƙwace manyan gidajen attajirai a birane irin su Mosko da Leningirad, ta rarraba ɗakunansu ga ma'aikata. Kowane iyali ya sami ɗaki guda. Madafa, famfo da makewayi kuwa na kowa da kowa ne. Irin wannan gida shi ake kira kommunalka.

A ƙofar shiga akan manna takarda mai nuna sau nawa baƙo zai danna ƙararrawa domin kowane iyali. A madafa kowace uwargida tana da teburinta da rishonta. Shara da wankin makewayi bi da bi ake yi, bisa jadawalin da ke bango. Ba abin da ke ɓoyuwa: tarin mara lafiya, faɗan miji da mata, ƙanshin miya ranar albashi.

A shekarun 1937 da 1938, sa'ad da gwamnatin Stalin ke kame mutane dubbai, bangon nan ya yi kunne. Akwai waɗanda suka kai ƙarar maƙwabci wurin 'yan sandan ciki domin su gaji ɗakinsa. Amma a cikin waɗannan gidaje ne kuma tsofaffi suka riƙa renon 'ya'yan maƙwabta, ana ranta wa juna gishiri, ana riƙe wa juna wuri a layin burodi.

To, mene ne ya raba mai tona asiri da mai rufa shi? Talaucinsu ɗaya ne, ƙuncinsu ɗaya. Wani zai ce tsoro ne ya tilasta wa na farko, kuma tsoron ba abin rainawa ba ne. Sai dai wanda ya kame bakinsa, shi ma da tsoron yake kwana. Hukuma na iya haɗa tukwane a madafa ɗaya, amma ba ta iya dasa amana a zuciya.

Daga 1957 Khrushchev ya shiga gina benaye masu hawa biyar, iyalai da yawa suka sami ƙofar kansu, suka yi murna. Ƙofar ta kawo hutu, amma ba ta amsa tambayar ba. A misalin Basamariye mai tausayi, maƙwabci ba wanda ya fi kusa ba ne; wanda ya tsaya ya nuna jinƙai ne. Haka yake a ɗakin haya, haka yake a gidan kai.