Madarumfa: Haƙƙin Matattu a Kan Masu Rai

Madarumfa gari ne a jihar Maraɗi ta Jamhuriyar Nijar, kudu da birnin Maraɗi, kusa da hanyar da ta bi ta Ɗan Isa ta shiga Jibiya a ƙasar Katsina. Tarihin yankin a haɗe yake da na Katsina, domin bayan jihadin Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo, wanda ya ci birnin Katsina a 1807, sarakunan Haɓe da jama'arsu sun yo arewa suka kafa sarautar Maraɗi. Ƙidayar 2012 ta nuna ƙaramar hukumar Madarumfa, garin da ƙauyukansa, na da mutum sama da 70,000, akasarinsu Hausawa manoma, tare da Fulani makiyaya da masuntan bakin tabki.

Sai dai sunan garin ya fi fita ne saboda waɗanda ƙidaya ba ta lissafa su. A kewayen Tabkin Madarumfa akwai kaburburan da aka sani da na waliyyai 99. Jama'a kan zo ziyara daga Nijar da arewacin Najeriya, musamman lokacin Mauludi, su tsaya gefen kabari su yi sallama, su ɗaga hannu su yi addu'a, su ba da sadaka. A 2006 Nijar ta sa tabkin da dajin da ke kusa da shi da kaburburan cikin jerin wuraren da take neman UNESCO ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya. Daga wannan ziyara ce tambaya ta taso: wane matsayi matattu suke da shi a garin masu rai?

Malamai sun rabu biyu. Mabiya ɗariƙun Tijjaniyya da Ƙadiriyya suna ganin albarkar bawan Allah ba ta yankewa da mutuwarsa, don haka roƙon Allah a kusa da makwancinsa abin so ne. Ƴan Izala, ƙungiyar da aka kafa a Jos a 1978 kuma ta yi ƙarfi a Maraɗi, suna tsoron kada girmamawa ta zarce ta koma roƙon wanin Allah. Suna kafa hujja da hadisin da ya taƙaita ɗaura niyyar tafiyar ibada ga masallatan Makka da Madina da Ƙudus. Masu ziyara kuma sukan amsa da cewa hadisin a kan masallatai yake magana.

Duk da wannan saɓani, akwai inda aka haɗu. Kowane ɓangare ya yarda Annabi (SAW) ya halatta ziyarar kabari bayan ya taɓa hana ta, saboda tana tuna lahira. Kowa ya yarda mamaci na amfana da addu'ar ɗansa na kirki, da sadaka mai gudana, da ilmin da ya bari. Kowa ya yarda haramun ne a wulaƙanta kabari. Ke nan a Musulunci mamaci bai fita daga cikin jama'arsa ba, yana nan da haƙƙi a wuyan waɗanda ya bari.

Wannan haƙƙi yana ƙara nauyi idan jama'a ta yawaita. Jihar Maraɗi na cikin wuraren da aka fi haihuwa a Nijar, kuma kowane sabon gida na bukatar fili da gona da itacen girki. A irin wannan hali, maƙabarta da daji da bakin ruwa su ne ake fara sa wa ido. Wanda ke zaune a Madarumfa yau ya tarar da tabkin da kaburburan ne a hannun magabata, kuma zai bar su ga jikokin da ba a haifa ba. Amana ce a hannunsa, ko yana cikin masu ziyara ko masu hana ta, kuma kiyaye ta wajibi ne a kansa.