Canjin Malam

A shekarar 1976, da gwamnatin Obasanjo ta fara shirin UPE ta ce kowane yaro ya shiga firamare kyauta, aka tura wani saurayin malami daga Rano zuwa wani ƙauye ta wajen Kibiya. Da sassafe yakan ɗaure littattafai a bayan kekensa, ya ratsa gonakin dawa da gyaɗa. Dagaci ya riga ya bi gida gida ya tattaro yara. Aji ya cika maƙil, amma jiki ne kawai a zaune, hankali yana gona.

Shi kuwa malamin nan Allah ya ba shi baki. Da ya ga bulala ba ta hana gyangyaɗi, sai ya koma barkwanci, ajin ya farka. Sai dai dariyar tasa kullum a kan wani take sauka. Wanda ya fi shan ta wani yaro ne daga ruga, da ba ya iya haɗa biyu da uku a kan allo. Malam ya naɗa shi Sarkin Lissafi. In ya shigo sai yara su zube su ce ranka ya daɗe. Kwanci tashi, aka daina ganinsa.

Ran kasuwar Kibiya Malam ya je gyaran keke, sai ya hango yaron zaune kusa da ƙwaryar nonon uwarsa. A lokacin shekara uku ke nan da shigowar naira, mutane har lokacin da sule da fam suke ciniki, ana ta rikicewa. Wani mai saye ya nemi ya rikita uwar da lissafi. Yaron bai ko ɗaga kai ba ya gaya masa canjinsa, bai yi kuskuren ko kwabo ba. Malam ya tura kekensa ya wuce, bai bari sun haɗa ido ba.

Bayan kwana biyu dagaci ya sa aka dawo da yaron. Malam ya rubuta goma a cire uku, ya miƙa masa alli. Yaro ya tsaya yana kallon allo, gumi ya karyo masa. Aji ya yi tsit, kowa ya gyara zama, an san abin da ke zuwa. Maganar ma ta riga ta zo wa Malam bakin harshe, kuma mai daɗi ce, ya san sai an riƙe ciki. Ya dubi yaran, ya dubi hannun da ke riƙe da allin yana rawa. Ya haɗiye ta.

Sai ya cire hularsa ya kifa a tebur, ya ce ga ƙwaryar nono, shi kuma baƙo ne daga birni. Ya zaro naira ɗaya, sule goma ke nan, ya ce a zuba masa na sule uku. Ya yi kamar ya shanye, har da lashe gemun da ba shi da shi. Sannan ya miƙa hannu ya ce a ba shi canjinsa sule goma sha uku, sauri yake yi.

Yaron ya ɗago. Ya ce Malam ya yi haƙuri, sule bakwai ne. Malam ya rantse da rawanin kakansa goma da uku sha uku ne. Yaro ya ce in haka 'yan birni suke ciniki, gara ya bar masa nonon kyauta ya haɗa masa da ludayin. Aji ya kece da dariya, har masu gyangyaɗi. Malam ya ce to a nuna masa a allo, shi ba ya yarda da maganar baki. Yaron ya juya ya rubuta bakwai.

Hedimasta ya leƙo jin hayaniya, ya tarar da malaminsa ba hula, ƙananan yara suna yi masa gyara. Da aka tashi ya kira shi ya ce, malam, girmanka fa kake zubarwa. Malam ya ce ranka ya daɗe, gobe ma yana da cinikin akuya.

Kai da ke riƙe da alli yau, gobe ka gwada neman canjin da ya fi kuɗinka, ka ga wanda zai fara ɗaga hannu.