HUKUNCIN KUƊIN HAYA IDAN AN SAYAR DA GIDA

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa.

Bayan haka, sau da yawa akan sayar da gida alhali da ɗan haya a ciki. Sai mai saye ya zo ya ce a fita ko a riƙa biyansa, tsohon mai gida kuma ya ce kuɗin nasa ne. Shi kuwa ɗan haya, wani lokaci sai ya ƙi biyan kowa, yana cewa gida ya sake hannu. Shari'a ba ta bar wannan al'amari a duhu ba.

Asalin hukuncin shi ne, haya alkawari ne mai ɗaure duka ɓangarori biyu, kuma Allah Ya umarci muminai da cika alkawari a farkon Suratul Ma'ida. Wanda ya ba da gidansa haya na shekara ya riga ya sayar da amfanin gidan na wannan shekara, ba shi da ikon sayar da shi ga wani kuma. Har ma Risala ta Ibn Abi Zaid ta nuna cewa mutuwar mazaunin gida ba ta warware haya.

Ibn Juzai, malamin Andalus wanda ya rasu a shekara ta 741 bayan Hijira, ya bayyana matsayin mazhabar Maliki a littafinsa Ƙawaninul Fiƙhiyya. Cinikin gidan haya ya halatta, amma bai rushe hayar ba. Kuɗin sauran wa'adin kuwa na mai sayarwa ne. Ba a yarda mai saye ya gindaya sharaɗin karɓarsu ba in da kuɗi ya sayi gidan, domin hakan ya zama musanyar kuɗi da kuɗi da jinkiri, wannan kuwa ƙofar riba ce. In an ɓoye masa cewa akwai haya a kan gidan, to wannan aibi ne, yana da zaɓi ya riƙe ko ya mayar. Malaman Hanafiyya su kuma sun ce cinikin ba ya zartuwa a kan ɗan haya sai da yardarsa, ko wa'adinsa ya cika.

Alal misali, mutum ya kama gida na shekara daga watan Muharram, sai aka sayar da gidan a Rajab. Zai zauna har ƙarshen Zulhajji, ya biya wanda suka ƙulla da shi. In ya riga ya biya, babu mai binsa ko kwabo.

Amma hayar wata-wata wadda ba a yanka mata wa'adi ba, hukuncinta dabam ne. Ba ta ɗaure kowa sai gwargwadon abin da aka biya, daga nan sai ɗan haya ya sabunta magana da sabon mai gida.

Akwai kuma ɗan hayan da shi da kansa ya taya gidan, sa'an nan ya daina biya. To, ya sani tayi ba saye ba ne, alkawarin sayarwa kuma bai mallaka masa gida ba. Matuƙar ba a sallama ba, kuɗin haya yana wuyansa, kuma zama a gidan mutum ba biya cin haƙƙi ne.

Saboda haka wajibi ne mai sayarwa da dillali su faɗi gaskiya tun kafin ciniki ya faɗa. A rubuta ranar cikar wa'adi da wanda za a biya, a kafa shaidu, a sanar da ɗan haya. Inda aka kasa daidaitawa, a tafi gaban alƙali, kada a watsar da kayan iyali a titi.

Allah Shi ne Mafi sani. Allah Ya tsare Musulmi daga cin dukiyar juna da zalunci, amin.