Haƙori a Cikin Batta Bakwai

A shekarar 1561, a birnin Gowa da ke gaɓar yammacin Indiya, an tara jama'a su shaidi dakan wani ɗan abu da bai cika tafin hannu ba. Babban limamin cocin Katolika na birnin, Dom Gaspar, shi ya jefa shi cikin turmi. Aka kirɓa shi har ya zama gari, aka zuba garin a kaskon garwashi, sannan aka kwashe toka da gawayi aka watsa a kogi. Haƙori ne. Sojojin Fotugal suka samo shi ganima a Jafna, arewacin tsibirin Siri Lanka, shekara guda kafin nan, labari kuma ya bazu cewa na Buddha ne. Bayinnaung, sarkin Pegu a ƙasar da ake kira Myanmar yau, ya aiko jakadu da tayin fansa mai tsoka, hafsoshin Fotugal suka yi ta haɗiyar yawu don aljihun gwamnatinsu ya bushe. Malaman coci suka ce atafau, sayar da haƙorin taimaka wa bautar gumaka ne. Wakilin sarkin Fotugal, Constantino de Bragança, ya bi bayansu.

Ashe sun kashe maciji ne ba su sare kansa ba. Mutanen Siri Lanka suka ce abin da aka daka a Gowa kwaikwayo ne, na ainihin yana ɓoye cikin dutsen niƙa a haikalin Delgamuwa. Ibada ta ci gaba kamar ba a yi komai ba.

Yau haƙorin yana birnin Kandi, cikin tsaunukan tsakiyar tsibirin, a haikalin da ake kira Dalada Maligawa. Yana cikin battar zinariya, ita ma cikin wata, har bakwai. Sau uku a rana, da asuba da hantsi da almuru, makaɗa kan tsaya a farfajiyar ƙasa su saki ganguna, wani na busa abin busa mai kukan algaita, a sama kuma malaman zuhudu su buɗe ƙofa su shiga da shinkafa da miya da ruwan sha, kamar yadda ake kai wa sarki akushi. Masu ziyara, ƙafa ba takalmi, yawancinsu cikin fararen kaya, riƙe da furannin bado, kan bi layi su wuce ta bakin ƙofar. Abin da ido ke samu bai wuce ƙyallin battar waje ba, na 'yan daƙiƙu, kafin na baya ya turo. Kowace Laraba ana yin al'adar wanka da ruwan ganyaye da furanni masu ƙamshi, a raba wa mutane ruwan don neman lafiya. Ko a bikin Esala Perahera na watan Yuli ko Agusta, inda giwaye ke zaga gari dare goma cikin ado da fitilu, battar da babban toron giwa ke ɗauke da ita wakiliya ce kawai, haƙorin na ɗakinsa. Da aka fito da shi don jama'a su gani a watan Afrilun 2025, karo na farko cikin shekara 16, mutane sun kwana a bakin titi, layi ya yi tsawon kilomitoci.

Abin da ke ɗaure kai shi ne wanda ake yi wa wannan hidima. Jigon koyarwar Buddha kalma ce guda a harshen Fali, anicca: duk abin da ya haɗu sai ya rabu, kuma manne wa abin da zai rabu shi ne tushen wahala. Almajiransa kan zauna a maƙabarta suna kallon gawa tana ruɓewa don su yaye wa zuciya son jiki. Akwai labarin wani almajiri mai suna Wakkali da ciwo ya kwantar, yana baƙin cikin ya kasa zuwa ya ga fuskar malaminsa. Da Buddha ya zo duba shi, sai ya nuna masa cewa ba wani abin kallo a jiki mai ruɓewa, wanda ya fahimci koyarwar shi ne ya gan shi. To yaya aka yi addinin da ya faro da wannan magana ya ɓuge da tsaron haƙori ɗaya sama da shekara 1,600?

Amsa mai sauƙi, wadda Turawan ƙarni na 19 da suka fara nazarin addinin suka fi so, ita ce jahilcin talakawa ne ya gurɓata tsantsar falsafa daga baya. Amsar ba ta tsayawa, domin maganar ƙasusuwan tana cikin tsofaffin nassoshin kansu. Littafin da ya ba da labarin kwanakin ƙarshe na Buddha ya ce ya rasu a Kusinara yana da shekara 80, a ƙarni na biyar kafin haihuwar Annabi Isa bisa lissafin yawancin masana tarihi. Kafin ya cika, hadiminsa Ananda ya tambaye shi yadda za a yi da gawarsa. Ya ce wa masu zuhudu kada su shagala da wannan, su mai da hankali ga neman tsira, akwai sarakuna da attajirai da za su ɗauki nauyin. Amma a zama ɗaya ya umarta a yi masa irin jana'izar babban sarki: a ƙona gawar, a gina situfa a mararraba, duk wanda ya kai fure ko turare ya natsu a wurin zai amfana. Situfa tudun bulo ne cunkushe, kamar ƙwarya a kife, ba ɗakin shiga, sai dai a zaga shi ana ba shi hannun dama.

Toka ba ta gama hucewa ba rigima ta tashi. Sarki Ajatasattu na Magada ya aiko neman kasonsa, dangin Buddha 'yan ƙabilar Sakiya suka aiko, wasu biyar ma haka, mutanen Kusinara kuwa suka ce a ƙasarsu ya rasu, ba mai samun ko ƙwaya. Saura ƙiris a zare takubba a kan gawar mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana wa'azin haƙuri. Wani malami mai suna Dona ya shiga tsakani ya raba ƙasusuwan kashi takwas, ya roƙi a bar masa mudun da ya yi awo da shi. Mutanen Moriya suka iso a makare, aka ba su gawayi. Wata ruwaya ta baya ta ƙara da cewa shi mai rabon ya faki ido ya soke haƙori ɗaya cikin rawaninsa. Bayan ƙarni biyu ko fiye, in ji al'ada, Sarki Ashoka ya buɗe bakwai daga cikin situfofin takwas ya sake rarraba abin da ke ciki zuwa wurare 84,000. Ko adadin ya zama na ƙawata zance, manufar a fili take: inda mulki ya kai, ƙashi ya kai.

Masu addinin sun fi masu sukarsu sanin inda gizo ke saƙar. Tambayarsu ta wuce ko haƙorin na gaske ne. A wani tsohon littafi na muhawara, Milinda, sarki ɗan asalin Girka da ya mulki arewa maso yammacin Indiya a ƙarni na biyu kafin haihuwar Annabi Isa, ya ɗana wa malami Nagasena tarko mai baki biyu. Idan Buddha yana karɓar kyautar da ake kai wa ƙasusuwansa, to bai rabu da duniya ba, da'awarsa ta rushe. Idan kuwa ya shuɗe ƙurmus ba ya karɓa, to masu kai fure wahalar banza suke yi. Nagasena ya zaɓi baki na biyu ya tsaya a kai: ba ya karɓa, kuma ba a banza ba. Ya kawo misalin gagarumar wuta da ta ci ta mutu. Matacciyar wuta ba ta neman itace, amma wannan bai hana mai bukata ya murza tsinke ya kunna tasa ba. Ya kuma kawo misalin ƙasa, wadda ba ta murna da irin da aka jefa mata, amma irin yana tsira. Wato amfanin yana faruwa ne a zuciyar mai bayarwa. Ƙashin tunatarwa ne, ba kunne ba ne da ke sauraron roƙo.

Amsa ce mai kaifi, sai dai ba ta rufe duk abin da ake gani a Kandi ba. Ba a kai wa tunatarwa abincin rana. Tarihin Siri Lanka ya ce Mahinda, ɗan Ashoka da ya kawo addinin tsibirin, ya taɓa yi wa sarki ƙorafin sun daɗe ba su ga Buddha ba. Sarki ya ce ai kai ka gaya mini ya rasu. Mahinda ya nuna masa cewa ganin ƙasusuwan daidai yake da ganin mai su, daga nan aka aika aka kawo ƙashin wuya aka gina situfar Tuparama a Anuradapura. Masani Gregory Schopen, wanda ya bi rubuce-rubucen da aka sassaƙa a duwatsu maimakon dogara ga littattafai kaɗai, ya nuna cewa masu zuhudu maza da mata suna cikin manyan masu ba da gudummawar gina situfofi, kuma wani rubutu a jikin batta daga zamanin Milinda ya siffanta ƙasusuwan da cewa suna da rai. Fahimta biyu ke nan a gida ɗaya, ta mai cewa alama ce da ta mai cewa shi ne da kansa, kuma sau da yawa mutum guda ke riƙe da duka biyun. Wanda ya taɓa sauraron gardamar malamai a kan tabarruki da ziyarar hubbare ba zai ji abin baƙo ba.

Sarakuna kuwa tasu fahimtar daban. Al'ada ta ce gimbiya Hemamala ce ta shigo da haƙorin daga Kalinga ta Indiya a ƙarni na huɗu, a ɓoye cikin gashin kanta, kuma matafiyin Sin Faxian ya bayyana jerin gwanon da ake yi masa a Anuradapura a farkon ƙarni na biyar. Sannu a hankali ya zama kayan sarauta, kamar tagwayen masu a Kano ko Gajere a Katsina: duk inda fada ta koma, haikalinsa na jikin katangarta. Ingilishi sun karɓe Kandi a 1815. Da tawaye ya ɓarke, wani malami ya sulale da haƙorin ya kai wa 'yan tawaye, kuma ƙwato haƙorin da aka yi a 1818 ya karya musu gwiwa, domin mutane sun ɗauka mai riƙe da haƙori shi ke da haƙƙin mulki. Sai ga gwamnatin Kirista tana gadin haƙorin Buddha da sojojinta, har 'yan mishan suka matsa mata ta miƙa shi ga manyan malaman gidajen zuhudu na Malwatte da Asgiriya da wani basarake mai kula da haikalin. 'Yan tawayen Tamil ma sun san inda za su taɓa ya yi zafi: ranar 25 ga Janairun 1998, ana shirin bikin cika shekara 50 da samun 'yanci a Kandi, suka tayar da bam a mota a ƙofar haikalin, aƙalla mutum 16 suka mutu. Ɗakin haƙorin ya tsira.

A Sin an sami wanda ya faɗi ra'ayin Dom Gaspar tun ƙarni bakwai kafin a haife shi. A 819 Sarki Xianzong ya sa aka kawo ƙashin yatsan Buddha daga haikalin Famen zuwa fada. Han Yu, babban marubuci kuma jami'in gwamnati, ya rubuta masa cewa Buddha baƙo ne da bai san harshensu ko al'adarsu ba, ƙashin kuma ƙazanta ce da ta kamata a jefa wa wuta da ruwa. Da ƙyar ya tsira da wuyansa, aka kore shi zuwa Chaozhou a can kudu. An rufe ƙashin a ɗakin ƙarƙashin ƙasa a 874, ba a sake ganinsa ba sai 1987, lokacin da ake gyaran hasumiyar haikalin da ta rufta. Yatsu huɗu aka tarar. Ɗaya ake ɗauka na ainihi, ukun kuma kwaikwayo ne da aka ajiye don ruɗar masu ɓarna, ana kiran su ƙasusuwan inuwa, kuma su ma ana girmama su. A nan kuskuren masu turmi ya fito: sun zaci darajar tana cikin ƙwayar ƙashin, alhali a wannan al'ada tana naso, ta kama battar da ta riƙe shi, da ƙoƙon barar da ya ci abinci a ciki, da bishiyar da ya zauna a gindinta.

Wannan nason ne ya tayar da ƙura a 2025. A 1898 wani Bature mai kula da gandu, William Claxton Peppé, ya haƙa wata situfa a Piprahwa kusa da iyakar Indiya da Nepal, ya tarar da akwatin dutse ɗauke da battoci, da guntayen ƙashi, da duwatsu masu daraja kimanin 1,800. Aka ba Sarki Chulalongkorn na Siyam ƙasusuwan, yawancin duwatsun suka tafi gidan tarihi na Kalkata, aka bar wa Peppé wani kaso. Da zuriyarsa suka kai kason kamfanin gwanjo na Sotheby's a Hong Kong, aka tallata shi a matsayin kayan ado na tarihi. Gwamnatin Indiya da mabiya addinin suka ce a'a, dutsen da ya kwana fiye da shekara dubu biyu cikin toka ɗaya da ƙashin ba ya rabuwa da shi. Aka dakatar da gwanjon na watan Mayu, a ƙarshen Yuli kuma duwatsun suka koma Indiya, bayan shekara 127.

Su kansu masu tsaron ba su ce tsaron na har abada ba ne. Sharhin malaman Siri Lanka na ƙarni na biyar ya yanka wa addinin wa'adin shekara 5,000. Idan ya cika, aka daina girmama ƙasusuwan, za su fice daga battocinsu da situfofinsu, na Kandi da na Famen da waɗanda ba a san inda suke ba, su taru a gindin bishiyar Bodi a Bod Gaya inda ya sami wayewa, su haɗu su zama siffarsa sau ɗaya, sannan wuta ta tashi daga cikinsu ta cinye su ba ko toka. A lissafin Siri Lanka, rabin wa'adin ya cika tun 1956, kuma sun yi bikinsa da ganguna.